Hukumar hana wasa da lokaci: wane aiki za ta riƙa yi a ofis?

Nafi'u (Jidda):
Assalamu alaikum jama'a. Ina rubuta ƙagaggen labari da zai faru a Jidda nan da shekaru masu yawa. A cikinsa an ƙera na'urar da ke sauya gudun lokaci a cikin ɗaki guda. Ɗaki mai jinkiri, ka yi awa ɗaya a ciki ka fito ka tarar an yi awa goma a waje. Ɗaki mai sauri kuma akasin haka. Gwamnati ta kafa hukumar da za ta sa ido a kan abin. Damuwata ita ce duk yadda na rubuta hukumar sai ta fito kamar 'yan sanda masu bin ɓarawo a guje. Masu sani ku taimaka, in da gaske akwai ta, me ma'aikatanta za su wuni suna yi?

Injiniya Hamza (Dammam):
Wa alaikumus salam ƙanena. Kafin a kama mai laifi sai an san agogon wa ne gaskiya, don haka sashen farko na awo ne. Tun 1967 ba da juyawar ƙasa ake auna daƙiƙa ba, da sinadarin sisiyam ake yi: kaɗawa 9,192,631,770 ita ce daƙiƙa ɗaya. Ɗakunan awo na ƙasashe suna aika bayanan agogonsu ga ofishin awo na duniya da ke Faransa, daga nan ake fitar da UTC, wato lokacin bai-ɗaya na duniya. A nan Saudiyya hukumar ma'auni ta ƙasa, SASO, ce ke riƙe da wannan awon, mu kuma muna kan UTC da ƙarin awa 3.

To a labarinka kowane ɗaki mai lasisi sai ya kasance da agogo biyu masu hatimi, ɗaya a ciki ɗaya a waje. Sufeto in ya zo ba ruwansa da na'urar, lambobin nan biyu zai karanta ya raba, ya ga ko sun dace da abin da aka rubuta a lasisi. Kada ka bari a yi shaida da wayar hannu, domin da zarar ta kama sabis za ta gyara kanta ta koma lokacin waje, shaidar ta goge. Agogon hannu mai batir ma bai isa ba, yana iya zamewa da daƙiƙa 15 a wata, kuma zafi na ƙara masa zamewa.

Usman Mai Wurno (Riyad):
Nafi'u, ba sai ka yi nisa wajen ƙirƙira ba, gwamnatoci sun daɗe suna taɓa agogo. A Sudan ranar 15 ga Janairun 2000 an tura agogo gaba da awa ɗaya, abin da ake kira bukur, wai don a riƙa sammakon aiki. Da ƙarfe 12 na rana aka koma ƙarfe 1. Wato awar da ke tsakani babu ita a tarihin Khartum, duk takardar da ke ɗauke da 12:30 na wannan rana akwai magana a kanta.

Abin da ya lalace kuwa rana ce ta ƙi bin doka. Khartum tana wajen digiri 32 da rabi a gabas, kowane digiri minti 4 ne, don haka lokacinta na rana UTC da awa 2 da minti 10 ne. An ɗora ta kan awa 3, agogo ya riga rana da minti 50. Wannan mai sauƙi ne. A Jinaina can yamma ratar ta kai awa ɗaya da rabi, yara na fita makaranta da duhu a lokacin sanyi. Sai 1 ga Nuwamban 2017 aka mayar da agogon baya. Sudan ta Kudu ba ta bi ba sai 1 ga Fabrairun 2021.

Nafi'u (Jidda):
Yaya Usman wannan awar da ta ɓace ai ita kaɗai babi ce. Da aka mayar fa?

Usman Mai Wurno (Riyad):
Mayarwar ta fi rikici. Da ƙarfe 12 na dare aka koma 11, don haka daga 11 zuwa 12 na daren 31 ga Oktoba sau biyu aka yi ta. Wanda aka haifa 11:50 a zagayen farko ya girmi wanda aka haifa 11:10 a zagaye na biyu, amma takarda za ta ce ƙanensa ne. Ka kai wannan kan mutum biyu masu gadon juna da suka rasu a daren, ka ga inda alƙali zai tsaya.

Injiniya Hamza (Dammam):
Shi ya sa banki da kamfanin jirgi ba sa dogara da agogon gari, da UTC suke ajiye bayani, sai wajen nunawa a juya. Kuma sauya lokacin ƙasa yana da matakai. Ana sanarwa, masu kula da kundin yankunan lokaci na IANA, wanda wayoyi da kwamfutoci ke dogara da shi, su saka gyaran, kamfanonin waya da kwamfuta su tura sabuntawa, sannan ta iso hannun mutane. Masu kundin suna roƙon a ba da sanarwar shekara guda. Na Sudan ranar 20 ga Oktoban 2017 gyaran ya fito, saura kwana 12, kuma tsohuwar wayar da ba ta karɓar sabuntawa sai an gyara ta da hannu. Labanon ta fi muni: a Maris ɗin 2023 gwamnati ta ɗage shiga lokacin bazara, wato tura agogo gaba da awa ɗaya, saura kwana biyu, wasu suka bi wasu suka ƙi, ƙasar ta yi kwanaki da agogo biyu kafin a janye. Ka ba hukumarka sashen sanarwa, kuma ka sa shi ne kullum yake makara.

Malam Idi (Makka):
Ɗana Nafi'u, duk sun fara maka daga agogo, ni daga wata zan fara. Irin hukumar da kake nema an taɓa yinta a garin nan kafin Musulunci, sai dai ita ce mai yin wasan. Wasu mutane ne daga Banu Kinana ke tsayawa a lokacin aikin Hajji su sanar da cewa an ɗage alfarmar Muharram zuwa Safar, don a samu damar yaƙi. Shi ne nasi'u, wanda aya ta 37 a Suratut Tauba ta hana, bayan aya ta 36 ta tabbatar da watanni goma sha biyu. Ka lura ba su taɓa rana ko wata ba, suna kawai suka sauya, sai haƙƙin mutane ya sauya. In kana son labarinka ya zauna a ƙasar nan, dokar farko ta hukumar ita ce ba ta da ikon matsar da Ramadan ko ranar Arfa, ko da sarari ɗaya.

Nafi'u (Jidda):
Allah ya ƙara lafiya Malam. To salla fa? Mutum ya shiga ɗaki mai jinkiri da hantsi, ya yi awa ɗaya, ya fito an yi Isha.

Malam Idi (Makka):
Ba zan yi fatawa a kan ɗakin da babu shi ba, amma ga abin da malaman cikin labarinka za su ɗauko. Hadisin Dujal da ke cikin Muslim ya ambaci yini mai tsawon shekara, sahabbai suka tambaya ko sallar yini ɗaya ta isa, aka ce a'a, a ƙaddara masa. Da shi ake kafa hujja ga garuruwan da rana ke yin watanni ba ta faɗi ba. Wasu za su ce mai ɗaki mai sauri, wanda ya yi awa 24 a ciki alhali awa biyu da 'yan mintoci aka yi a waje, ya ƙaddara salloli biyar. Wasu za su ce a'a, ranar garinsa tana nan tana fitowa tana faɗuwa, dalilin wajabci shi ne zawali da faɗuwar rana, ba gajiyar jikinsa ba. Shi kuwa naka mai jinkirin, tambayar ita ce ya halatta ya shiga da gangan yana sane da cewa salloli huɗu za su wuce shi? Mai barci yana da uzuri, wannan ya zaɓa ne. Ka bar su su yi saɓani a labarin, ya fi kama da gaskiya.

Akwai kuma wadda ba ƙirƙira ba ce. Mutum ya fara azumi a Najeriya kwana ɗaya bayan Saudiyya, ya zo Umra, a nan aka ga wata a 29. Yana da 28. Zai sha ruwa tare da mutanen garin da yake, ya rama ɗaya, domin wata ba ya kasa 29.

Hajiya Balaraba (Madina):
Malam ya gama da lahira, bari in zo da albashi, don nan ne za a fi cutar mutane. Dokar ƙwadago a nan awa 8 ce a yini ko 48 a mako, a Ramadan 6 ko 36 ga Musulmi, ƙarin lokaci kuma ana biyan kuɗin awa da ƙarin rabin na asali. Mai masana'anta zai sa ma'aikaci a ɗaki mai sauri ya yi awa 10, na'urar basma, ta dangwala yatsa, da ke bakin ƙofa ta rubuta awa ɗaya. Wannan shi ne laifin da sufetocinka za su fi kamawa, ba wani mai son mulkin duniya ba. Maganinsa a ɗora na'urar basma a ciki, a biya da agogon ciki. Kuɗin hayar ginin da ranar biyan bashi kuwa su bi agogon waje.

Kuma ka san kalanda kaɗai tana cin kuɗi. Shekarar Hijira kwana 354 ko 355 ce, ta gaza ta Miladiyya da kusan kwana 11. A Oktoban 2016 aka daina biyan ma'aikatan gwamnati da watan Hijira. Sauyin kalandar bai rage ko riyal ɗaya a takardar albashi ba, amma kwanakin aiki sun ƙaru a kan kuɗi ɗaya, a shekara 33 ya kai albashin shekara guda. Zakka ma haka: kashi 2.5 na shekarar wata ne, kamfanin da ke rufe lissafi da Miladiyya ana ƙirga masa da kwanaki, ya tashi kusan 2.578.

Abu Maryam (Jidda):
Hajiya ta taɓo wajenmu. Duk mu'aƙƙibi, wato mai bi wa mutane takardu a ofisoshin gwamnati, zai gaya maka rigimar lokaci a takarda take. Hukumarka za ta zama layi da taga da lamba, kamar jawazat, ofishin fasfo da iƙama. Kowane mutum zai zama da shekaru iri biyu a Abshir, manhajar hidimomin gwamnati, na kalanda da na jiki, kuma dole a fayyace wanne ake bi a kowace mu'amala. Iƙama da biza da fasfo na waje ne, ko ka yi minti biyar a ciki in sun ƙare sun ƙare, tara na hawa. Hukuncin ɗauri na jiki ne, in ba haka ba mai kuɗi zai yi shekara biyar cikin wata shida. Balaga na jiki. Ritaya ce za a yi ta faɗa a kanta, wani zai shiga yana da 50 ya fito takarda ta ce 60.

Yanzu ma muna da ɗanɗanon abin. Shekara 60 ta Hijira daidai take da 58 da 'yan watanni ta Miladiyya. Ga kuma ɗimbin dattawan da katinsu ke cewa 1/7, ɗaya ga Rajab, don ba a san ranar haihuwarsu ba aka ba su tsakiyar shekara. Tun da majalisar ministoci ta amince a ƙarshen Oktoban 2023 a riƙa ƙirga wa'adin mu'amalolin hukuma da Miladiyya, ban da abin da ya shafi hukuncin shari'a, an ɗan samu sauƙi. Amma har yanzu in za ka juya kwanan wata, ka tabbata manhajar da Ummul Ƙura, kalandar hukuma ta Saudiyya, take aiki. Wasu da lissafin jadawali suke yi, su ba ka kuskuren kwana ɗaya ko biyu, a wa'adin biza kuwa kwana ɗaya ya isa.

Injiniya Hamza (Dammam):
Ummul Ƙura ita ce misalin da ya fi dacewa ka kwaikwaya. Tun shekarar 1423 ta Hijira sharaɗi biyu ne, ana lissafa su a kan Makka a yammacin 29 ga wata: a haifi jinjirin wata kafin rana ta faɗi, kuma wata ya faɗi bayan rana. In sun cika gobe ɗaya ga wata. Da wannan ake buga kalandar shekaru masu zuwa. Ni a ganina hukumar Nafi'u ta tsaya kan lissafi zalla, a huta.

Malam Idi (Makka):
Injiniya, ba a huta ba. Sharuɗɗan nan naka suna iya cika alhali ido ba zai ga komai ba, ko da wata ya bi rana da minti biyu sun cika. Ku da kanku kuke cewa in tazarar wata da rana ta gaza wajen digiri 7 ba a ganinsa. Shi ya sa kalandar ta ofis ce, azumi da Salla da Hajji kuma Kotun Ƙoli ce ke kira a duba wata, a wurare irin Tumair da Sudair, wanda ya gani ya je kotu mafi kusa a rubuta shaidarsa. A nan shaidar adali ɗaya tana tabbatar da Ramadan, Shawwal sai biyu. A Malikiyya da akasarinmu muka tashi a kanta biyu ake nema a duka.

Injiniya Hamza (Dammam):
Malam ai nan ne nake da magana. In lissafi ya ce wata ya riga rana faɗuwa, wani ya zo ya ce ya gani, me ya gani?

Malam Idi (Makka):
Wannan tsohuwar muhawara ce, akwai manyan malamai da suka ce a yi amfani da lissafi wajen kore shaida, ba wajen tabbatarwa ba, akwai waɗanda suka ƙi. Abin da zai amfani yaron nan shi ne mai lissafi daban, mai zartarwa daban. Kada hukumarsa ta haɗa awo da hukunci a hannu ɗaya.

Dakta Safiyya (Ta'if):
Ku bar wa asibiti lasisin farko don Allah. Jajayen ƙwayoyin jini suna kai kwana 42 a firji, amma ƙwayoyin da ke tsayar da zubar jini kwana 5 kawai suke yi, a zafin digiri 20 zuwa 24, kuma sai ana girgiza su. Ɗaki mai jinkiri na ɗaya bisa goma zai mayar da biyar ɗin hamsin. A lokacin Hajji wannan ba ƙaramin abu ba ne. Inda za a yi ɓarna shi ne lakabi: ranar lalacewar da ke jikin leda ba ta da amfani sai an haɗa da awannin da ta yi a ciki, don haka kowace leda na bukatar ɗan ma'auninta. Magani kuma jiki yake bi. Allurar kowace awa 8 da agogon ciki ce. Ma'aikaciyar jinya ta duba agogon baranda ta shiga ɗaki mai jinkiri ta yi allura, ta ninka wa majiyyaci magani sau goma.

Nafi'u (Jidda):
Anti Safiyya na gode. Yaya Hamza, na sa wa ɗakin taga ta gilashi don a riƙa ganin na ciki yana motsi a hankali. Ya yi?

Injiniya Hamza (Dammam):
Cire ta. Haske kaɗawa ne, in lokaci ya bambanta sau goma kaɗawar ma za ta bambanta sau goma. Wanda ke ɗaki mai jinkiri, hasken waje zai iso masa ya wuce abin da ido ke gani, ya zama irin mai ƙona fata da ido. Na ɗaki mai sauri kuma hasken zai sauka ƙasa da ja, duhu zai gani. Wuta ma haka: tamu 60 take kaɗawa a daƙiƙa, ta Sudan 50, a ɗaki mai sauri za ta iso kamar 6, babu injin da zai tashi. Dole ɗakin ya samu nasa batir. Ga zafi: mutum a zaune yana fitar da kusan wat 100, in a ɗaki mai sauri yake daga waje za a ga 1,000. Mutum ashirin a ciki, a watan Agusta a Jidda, lissafa mukayyif, na'urar sanyaya ɗaki, nawa za a sa. Iskar shaƙa ma sau goma za ta ƙare. Sufeton difa'ul madani, hukumar kashe gobara da kare lafiyar gine-gine, zai fi na hukumarka yawan zuwa.

In kana son mai karatu ya yarda, ka tuna masa cewa bambancin gudun lokaci gaskiya ne, ƙanƙanta ne kawai. Agogon taurarin GPS yana riga na ƙasa da kashi 38 cikin miliyan na daƙiƙa kowace rana, an rage masa gudu tun kafin harbawa, in ba haka ba taswira za ta riƙa kaucewa da wajen kilomita 10 a yini. Ana kuma cusa wa UTC daƙiƙar ƙari, sau 27 tun 1972, ta ƙarshe a nan ta faɗo 2:59:60 na daren 1 ga Janairun 2017. Tana rikita kwamfutoci har aka yanke a 2022 cewa za a daina zuwa 2035.

Usman Mai Wurno (Riyad):
Komawa baya fa, ba za a saka ba?

Abu Maryam (Jidda):
Kada ya saka. Da zarar an iya komawa jiya babu rasit ɗin da ke da daraja, hukumar kanta ba ta da abin riƙewa. Komawa bayan da muka sani ita ce a rubuta tsohon kwanan wata a sabuwar takarda, sunanta tazwir, wato jabun takarda, kuma tana da hukuncinta tuni.

Hajiya Balaraba (Madina):
Malam, saura idda. Mace ta shiga ɗaki mai jinkiri ta yi kwana goma sha uku ta fito ta ce wata huɗu da kwana goma sun cika. Da wane agogo?

Malam Idi (Makka):
Hajiya kin kawo mai wuya. Idda ba ma'auni ɗaya gare ta ba. Ta mai ciki haihuwa ce, ta mai haila ƙur'i uku ne, wato zagayen al'ada uku, waɗannan jiki ke ƙirga su, ɗaki ba zai gajarta su ba. Ta takaba da ta wadda ba ta haila watanni ne, su kuma jinjirin wata ke ƙirga su a waje. Zahirin lafazi zai ba ta gaskiya, amma ɗaya daga hikimomin idda shi ne a tabbatar mahaifa babu komai, kwana goma sha uku kuwa ba sa nuna wannan. Ga kuma sharaɗin zama a gidan miji, in ɗakin ba a gidan yake ba magana ta ƙare tun daga nan. Nafi'u, ka kai wannan shari'ar gaban alƙali a labarinka, hukumar ta kawo takardar agogo biyun kawai a matsayin shaida.

Nafi'u (Jidda):
To Malam. Abu Maryam, zan biyo ka ta akwatin sirri ka zana min yadda fom ɗin neman lasisin zai kasance, da takardun da za a haɗa.

Abu Maryam (Jidda):
Turo bayan Isha. Ka fara tanadar wa mai neman sijillin kasuwanci da lasisin baladiyya, wato hukumar gari, da takardar difa'ul madani, kuma ka sa ɗaya ta ƙare kafin ɗayar ta fito.